Rigar Dawowa Gida

Zuwa ga sanyin idona, inuwata lokacin da rana ta take tsaka, ruwan farko da ya sauka a busasshiyar zuciyata, wadda na laƙaba wa suna 'Yar Shafin Ƙarshe ta yi ta kumbure-kumbure, daga baya kuma ta koma amsawa tun kafin in rufe baki.

Ina gaishe ki da dukan abin da ke cikin ƙirjina. Kin tashi lafiya? Yaya ƙafafun, sun ɗan saɓe kuwa? Yaya kuma baƙon namu da yake ta shurin ki daga ciki, kamar wanda aka rufe a ɗaki aka tafi da makulli?

Daga shago nake rubuto miki da safiyar nan. Na ɗaga ƙofa rabi kawai don kada kowa ya shigo. Gam yana kan wuta yana ta warin nan da kika ce ya bi jikina har ya zama turarena, ga littattafan mutane jibge a kan tebur suna jiran ɗinki, amma na kasa zura zare a allura. Jiya da yamma a asibiti, da lokacin ziyara ya kusa ƙarewa, kin kama wuyan hannuna kin ce: "Mai Zare, idan ban fito daga tiyatar nan ba, ka ba wa Yaya abin da na haifa. Ita ta iya rainon marayu." Na tsaya miki ƙerere. Sai ga ma'aikaciyar jinya ta leƙo ta ce masu ziyara su fita, na fita kuwa kamar wanda aka kora daga gidansa. Kin san ni, harshena nauyi gare shi, hannuna ya fi shi iya magana. Shi ya sa na zauna in ba ki amsa a takarda.

Kin tuna ranar da kika fara shigowa shagon nan? An yi ruwa, kin tsaya a bakin ƙofa kina karkaɗe lema, kika fito da wani littafin labari daga jaka kika ajiye mini a kan tebur, kika ce a gyara. Na juya shi, na sake juyawa. Na daɗe ina wannan sana'a, kuma kusan duk littafin da aka kawo mini ta gaba yake lalacewa, don mutane sukan fara karatu da zafi su gaji a hanya. Shafukan farko su yi baƙi da dattin yatsa, na ƙarshe kuwa su zauna fes kamar ba a taɓa buɗe su ba. Naki ta baya ya mutu. Bangon baya ya rabu da jikinsa, ɗaurin shafukan ƙarshe ya kwance yana reto, gaban kuwa lafiya lau. Na ɗago na tambaye ki ko daga ƙarshe kike fara karatu. Wayyo, irin kallon da kika yi mini! Kamar na leƙa cikin jakarki ba izini. Kika ce gyara aka kawo mini, ba bincike ba. Na yi dariya, ke kuma kika ƙi yi, amma na ga gefen bakinki yana rawa. Tun daga ranar ban sake mallakar zuciyata ba. Na ja aikin da gangan ya kai sati, don ki dinga dawowa kina yi mini faɗa.

Bayan aurenmu na ga abin da idona. Duk littafin da na kawo gida, sai kin kifa shi kin buɗe ta baya, ki karanta shafin ƙarshe a tsaye, sannan ki sauke ajiyar zuciya ki nemi kujera. Nakan ce kin ɓata wa marubuci wahalarsa, ki ce ke ba za ki ba wa mutum zuciyarki ba sai kin san zai kai ƙarshe da rai. Na ɗauka wasa ne, irin halin da kowa yake da nasa. Sai wata rana muna zaune a tsakar ɗaki, kina riƙe mini wani littafi ina ɗinka bayansa, kika ce kin lura da wani abu. Duk labarin da aka rubuta a kan yadda yaro ya taso ya zama mutum, sai an fara kawar da uwarsa. Ko ta rasu wajen haihuwa a shafin farko, ko ciwo ya ɗauke ta kafin babi na uku. Kika faɗe shi a hankali, idonki a kan zaren. A lokacin na gane abin da kike nema a shafin ƙarshe. Ke ma a ranar da kika zo duniya mahaifiyarki ta bar ta, Yaya ce ta goya ki tana 'yar budurwa, ta bar makaranta saboda ke. Duk abin da kika gada daga mahaifiyarki shi ne hoto guda da ya dusashe, da maganar da kowa yake maimaita miki, wai mace ce mai kirki.

Haskena, tun da likita ya ce jininki ya hau, ya kwantar da ke, ya ce sai dai a yi aiki a ciro yaron, na ga kin koma wancan shafin. Kin ɗauka labarinku ɗaya da ita, kin riga kin karanta ƙarshensa, saura kawai a bi shafukan. Kina yi wa kowa murmushi, kina yi wa masu jinya godiya, kina gaya mini inda kika ajiye takardun gida da yadda ake kunna injin wanki, kamar mai shirin doguwar tafiya. Kina tsammani ban gani ba?

Bari in faɗa miki abin da na sani game da littattafai, ni da nake ganin cikinsu a kwance, zare a waje. Marubuta suna son maraya ne don ya fi sauƙin rubutawa. Yaron da uwarsa take gida ba zai bi hanya cikin ruwan sama ya je ya gamu da abin mamaki ba, don tun daga bakin ƙofa za ta kira shi ya dawo ya sa rigar sanyi. Ina labari a nan? Dole su ɗauke ta, don ƙofa ta zauna a buɗe. Wannan dabarar sana'arsu ce, kamar yadda nake goga wa zare kakin zuma don ya wuce cikin takarda sumul. Ba hukunci ba ne a kan matan duniya, ba kuma hukunci ba ne a kanki.

Kin san su wa suke kawo mini waɗannan littattafan gyara? Iyaye mata. Kullum sai sun shigo, wata da yaro yana jan gefen rigarta, wata da jariri a kafaɗa yana zubar mata da yawu, wata kuma ta manyanta, ta kawo littafin da ɗanta ya yaga yana ƙarami tana so a gyara wa jikanta. Dukansu sun shiga ɗakin da za ki shiga, wasu ma an yi musu aikin da za a yi miki, sun fito, ga su nan suna mita a kan yaron da ya ci bangon littafi da haƙoransa. Ba wanda ya rubuta labarinsu, don ba abin da ya same su sai rayuwa. Su ne suka fi yawa, masoyiyata. Su ne suka cika titi da kasuwa da layin ɗaukar yara a ƙofar makaranta.

Ba zan yi miki ƙarya ba. Ban san gaibu ba, ni ma tsoro nake ji. Likita bai yi mini rantsuwa ba, ya dai ce jinin ya fara sauka, kuma aiki ne da suka saba yi. Rai a hannun Allah yake, na yarda da wannan har cikin ɓargona. Amma yarda da ƙaddara daban, haɗa kaya tun ba a kira ka ba daban.

Maganar haɗa kaya ce ma ta hana ni sukuni. Da na koma gida jiya, na ɗauko jakar da kika shirya kika ce in kawo ranar aikin. Na buɗe don in ƙara sabulu. Ga 'yan riguna a ninke, ƙanana kamar tafin hannuna, ga safa, ga hular da kika saƙa kika warware kika sake saƙawa, ga tawul mai laushi, ga man shafawa. Komai na yaron yana nan, ba abin da kika manta. Na zazzage jakar har ƙasa ina neman naki. Babu rigar da za ki sa ki dawo gida. Babu takalmi, babu ko matajin kai. Ke da ba ki taɓa fita ko bakin titi ba sai kin duba jakarki sau biyu! Na zauna a bakin gado da hular nan a hannuna, na yi kukan da ban yi ba tun ina yaro.

To ga amsata, ki karanta ta a hankali, kada ki tsallaka.

Ba zan ba wa Yaya ɗanmu ba. Ina ganin girmanta, ita ta yi mini rainonki, ba ni da abin da zan saka mata da shi. Amma ta yi nata, ta ba da ƙuruciyarta sau ɗaya, ba za a sake karɓar tsufanta ba. Idan Allah ya hukunta abin da nake roƙon kada ya hukunta, ni zan riƙe shi, a nan cikin warin gam, Yaya tana kusa tana gyara mini kuskure. Kuma ba zan sallame shi da cewa uwarsa mace ce mai kirki ba. Zan gaya masa kina waƙa idan kina shara kuma ba ki iya waƙar ba. Zan gaya masa kina tsoron ƙadangare amma ba kya tsoron faɗa wa babban mutum gaskiya, kuma idan kika yi dariya sosai sai kin riƙe bango. Wannan alkawari ne, na ɗauka, ki ajiye shi ki huta.

Amma ba na so in ba shi labarinki! Wane ni in kwatanta wa yaro hasken safiya da baki? So nake ya gan ki da idonsa. So nake ki yi masa wankan farko kina yi mini tsawa wai na riƙe shi kamar littafi. So nake ki ga haƙorinsa na farko, ki raka shi makaranta ya ƙanƙame ƙafarki yana ihu, ki dawo gida ke ma kina share hawaye kina cewa ƙura ce ta shiga idonki. So nake ya kai shekarun da murya take fashewa, ya buga ƙofa ya ce ba ki fahimce shi ba, ki zo ki same ni a shago kina huci, in ba ki kujera in ce halinki ya ɗauko. So nake wata rana mu tsaya a tasha, ya ɗauki jakarsa ya shiga mota ba tare da ya waiwayo ba, ki kama wuyan hannuna kamar jiya, mu koma gida mu biyu muna jan ƙafa. Ba marubucin da zai ɓata tawadarsa a kan wannan labari, ba mai saye ko an buga. Ni kuwa shi kaɗai nake so, ya yi tsawo, ya yi kauri, har zare ya kasa riƙe shi.

'Yar Shafin Ƙarshe, wannan karon babu bayan da za ki buɗe. Na duba, ni da aikina ke nan, ba a ɗinka shi ba tukuna. Abin da kika karanta na mahaifiyarki ne, Allah ya jiƙanta, ya sa ta huta. Naki yana hannunki daga gaba, kuma ina roƙon ki da duk ƙaunar da ke tsakaninmu ki fara shi daga inda kowa yake farawa. Ki ci abincin da aka kawo miki. Ki bar gaya mini inda takardu suke. Idan an tura gadonki zuwa ɗakin aikin, ki shiga da niyyar fitowa, don ina nan a bakin ƙofar, ba inda zan gusa.

Yaya za ta kawo miki wannan takarda tare da jakar. Ki buɗe ta, za ki ga na ƙara kaya a sama. Na sa shuɗiyar rigar nan da kika sa ranar da kika zo karɓar littafinki, wadda kika ce yanzu ta yi miki kaɗan. A daren jiya na kai wa tela ya buɗa ta. Ni na goge ta da kaina, don haka idan kin ga wani ɗan tabo ruwan ƙasa a gefen hannun hagu, kada ki tambayi kowa, ki ajiye faɗan sai mun dawo. Na sa mataji, na sa turarenki, na sa baƙin takalminki mara tudu.

Ki gwada takalmin yau, ina roƙon ki. Idan kumburin ƙafar ya sa ya matse ki, ki faɗa wa Yaya in kawo wani kafin ranar sallama, don akwai 'yar tafiya daga ƙofar asibiti zuwa inda mota take tsayawa, kuma ke za ki riƙe yaron.

Naki tun daga ranar ruwan nan, naki a yau, naki har iyakar numfashina,

Mai Zare