Sun Sake Rubuta Babanki da Fensir

Ealing, Landan
9 ga Nuwamba, 1987

Zuwa ga 'yata Gillian,

Bayan gaisuwa mai yawa, ina fata takardar nan ta same ki lafiya, ke da maigidanki Rhys, a can Ostareliya. Allah ya sauke ki lafiya, ya nuna mana abin da ke cikinki da rai. Mu nan kalau, sai ƙafar gwaggonki Beryl da ke ta kumburi tun shigowar sanyi.

Takardarki ta iso, na karanta a kicin, na sha kuka. Kin ce tunda babanki bai zo aurenki ba, haihuwar nan ta Janairu ita ce damarsa ta ƙarshe. Ban ga laifinki ba, amma ciwon bayan da ya ce ya hana shi zuwa ƙarya ne. Kin san halin masu shirya fim: su rubuta sunan mutum da fensir a kan wasu kwanaki, ba su ɗauke shi ba, ba su sake shi ba, shi kuma kada ya kuskura ya bar gari. Saura mako biyu biki wakiliyarsa mai nema masa aikin fim, Misis Threlfall, ta bugo waya ta ce an rubuta shi a matsayin uban jarumar, magana shafi shida. Mutumin da ya yi shekara talatin da takwas yana fitowa a fim a matsayin mai buɗe wa manyan 'yan wasa ƙofa, ko ya fito ɗan sanda ya ce kalma huɗu ya ɓace! Ranar aurenki a gindin waya ya wuni, in ji Beryl. Ko kiransa ba su yi ba da suka goge sunan, a jarida ya ga wanda aka ba.

To, mun yanki tikiti biyu na shida ga Janairu, har ya sayo wa jariri 'yar hula. Talatar da ta wuce wayar ta sake kaɗawa. Fensir kuma, kuma Janairun. Wai zai fito alƙali, maganarsa layi uku kacal! Na ce masa haba Clive, shekara sittin da huɗu, kanka duk furfura, har yanzu ba ka gaji da jiran mutanen da ba su san sunanka ba? Ya ce ni ban gane ba, a sana'arsu wanda ya ƙi fensir sau ɗaya ba a ƙara kiransa, in kuwa aka daina kiransa, shi wane ne? Na ce shi uban Gillian ne. Ya zuba shayi, ya ce jikinsa na ba shi wannan karon za a dace.

Wallahi na gaji, 'yata, kuma ban ga mafita ba. Ya roƙe ni kada in gaya miki, wai ƙila su goge shi da wuri ya samu zuwa. Kin ga inda muka kai ke nan: ni ina roƙon Allah su ƙi mijina, shi kuwa kullum da safe yana gaban madubi yana maimaita layukansa uku. Ni dai zan zo ko ni kaɗai, ki shirya gado ɗaya.

Ki gaishe da Rhys da surukarki Morwenna. Beryl da ƙaninki Duncan suna gaishe ki. Babanki bai san na rubuta ba.

Ni ce mahaifiyarki,
Maureen