Gonarmu Jingina Ce

Fatakwal, 9 ga Yuli, 1979

Zuwa ga yayana Sambo,

Gaisuwa mai yawa. Yaya Inna da su Taibatu? Ni lafiya lau, sai tari kaɗan saboda ruwan garin nan, amma ina fita dako. Kada Inna ta ji zancen tarin.

An ce Alhaji Jatau ya faɗa wa masu awon gonaki don aikin dam, madatsar ruwan nan, cewa gonarmu ta Birnin Tudu tasa ce. Yaya, jingina marigayi Baba ya ba shi, ba sayarwa ba. Liman yana wurin lokacin da Baba ya ce masa, "Ranar da 'ya'yana suka biya, ka sakar masu." Ka tafi da Liman gaban alƙali. Kuɗin fansa sun kusa cika, kafin Sallah zan aiko.

In Allah ya yarda, ni zan fara shuka da ruwan dam.

Ƙanenka,
Ɗanlami