Tabon Mari a Ƙafar Modu

Zuwa ga mahaifiyata, bayan gaisuwa ta girmamawa da roƙon Allah Ya haskaka makwancinki.

Inna, an gama shari'ar ƙanena Modu. Ba za a rataye shi ba.

Kin san alkawarin da kika karɓa daga bakina a jinyarki ta ƙarshe: kada wani bare ya taɓa jin cewa Modu yana da taɓin hankali. Idan abin ya motsa, kina sa masa marin ƙarfe a ƙafa a ɗakin baya. Idan ya lafa, ki ba shi wando mai doguwar ƙafa don ya rufe tabon, ki ce wa mutanen unguwarmu ta Fezzan zazzaɓi ya yi. "Ciwonmu na cikin gida ne," haka kike cewa. Kin iya ɓoyo, Inna. Ranar da ya sari Aisami mai itace da gatarinsa, babu maƙwabci ɗaya da zai iya rantsuwa cewa Modu ya taɓa rasa hankalinsa.

Lauya ya bayyana mini cewa dokar da ta zo da mulkin kai ba ta kashe wanda bai san abin da hannunsa ke yi ba, amma sai an shaida ciwon daɗaɗɗe ne. Likitan ƙwaƙwalwa ya gwada shi a gidan yari. Modu ya amsa masa komai cikin ladabi, yadda kika koya masa.

Sai aka kira ni. Na tsaya gaban mai shari'a, tafinta yana juya asirin gidanmu zuwa Turanci. Na ce a ɗaga ƙafar wandonsa. Likita ya durƙusa ya duba. Modu ya dube ni kamar baƙuwa.

Yanzu yana ɓangaren marasa hankali na gidan yari, babu ranar fita sai abin da gwamna ya gani. Matar Aisami tana wuce ni a bakin famfo, ba ta gaisuwa, kuma tana da gaskiya. Ina neman murna a zuciyata ko nadama, ban sami ko ɗaya ba. Ina salla, ina dafa masa tuwo in kai.

Allah Ya jiƙan Aisami, Ya ba Modu lafiya, Ya gafarta mana ni da ke.

Alkawarin kuwa, Innata, ban cika shi ba.

'Yarki,
Falmata