Shafin da Aka Bari da Fensir

Zuwa ga Umar Faruq, hasken idona, ranar da ke leƙo ni a tsakiyar hunturun London, inuwata a zafin Yuli, ruwan da ke kashe mini ƙishi,

Gaisuwa daga wadda abinci ya ƙi wuce mata maƙogwaro tun ranar Lahadi. Wannan ce takarda ta huɗu da na fara. Ukun farko na yaga su, don a kowacce na rubuta abin da ba ni da tabbacinsa.

Ka tuna ranar da Katung, kyaftin ɗin kulob ɗinku, ya miƙo mini littafin maki, ya ce tunda yanzu na gama digirin tarihi, ni zan riƙa rubutawa? Ban san komai a wasan kurket ba. Kai ka zauna kusa da ni a bencin nan na Barking, ka koya mini dokar kulob: ana cikin wasa da fensir ake rubutu, sai an gama a bi da tawada. Rigarka na ƙanshin ciyawa. Sau uku na yi kuskure ran nan, biyu da gangan, don ka sake sunkuyowa.

Ya rabin raina, a akwatin tsofaffin littattafan da kulob ya ba ni in jera, na sami shafi guda da ba a bi da tawada ba. Asabar, ɗaya ga Agusta, 1914. Edmund Sarle, malamin firamare, mai wasa don sha'awa kamarka, yana da maki talatin da bakwai, ba a fitar da shi ba, sai ruwa ya sauko. Aka ce a ƙarasa mako mai zuwa. Ranar Talata ƙasar ta shiga yaƙi. Ya sa kaki, ya zama laftanar, harsashi ya same shi a Faransa ran ashirin da biyar ga Satumba, 1915. Ita ma Asabar ce, na duba sau biyu. Mako sittin cif. Shekararsa ashirin da huɗu.

Jaridar unguwa ta ce yana da budurwa, Winifred, kuma shi ya ɗaga aurensu, wai kada ya bar ta da takaba. Ba haka ka gaya mini ba, Faruq, kusan kalma da kalma? Kwana tara na yi ina neman labarinta. Sunanta bai sake fitowa ko'ina ba. Ba matarsa ba ce, don haka ba wanda ya ga dalilin rubuta ta.

Sai ga Lahadin da ta wuce, wasanka na ƙarshe kafin ka tafi makarantar hafsoshi. Kana da maki arba'in da ɗaya, sandarka na lilo kamar reshe a iska, hadari ya haɗo. Kowa ya ruga rumfa yana dariya, ni na zauna da fensir a hannu, ruwa na dukana. Wayyo Allah! A hanyar gida sai da na yi missing tashata a jirgin ƙasan District line.

Na san makaranta za ka, ba fagen daga ba. Na san rai a hannun Allah yake. Na karanta alƙaluma, sun ce yawancinku kan dawo lafiya. Yawanci! Me zan yi da yawanci, ni da kai ɗaya tal gare ni? Wa ke lallashin tsuntsuwa da yawan itatuwan daji bayan an sare wanda sheƙarta ke kai?

Ba zan sake cewa kada ka tafi ba, na faɗa ka ji. Abu ɗaya nake roƙo, tauraron asubata. Juma'a guda ta rage. Ka tura Baffanka na Edmonton wajen Abba, a ɗaura mana aure a masallaci, ba taro, ba anko. Na ga form ɗin da ka cike, na ga gurbin next of kin, wato wanda za a fara sanar wa in wani abu ya same ka, babu ni a ciki, kuma ba ta inda zan shiga. Takabar da kake guje mini, wallahi na fi son ta da a buga wa kowa waya ban da ni.

Amma na san amsarka. Za ka yi murmushin nan, ka ce mako arba'in da huɗu ne kawai. Shi ma Sarle cewa ya yi kafin Kirsimeti zai dawo.

Katung ya yi mini text sau biyu, wai in bi shafin da tawada a rufe kakar wasa. Na ƙi. Fensir yana dushewa, na gani da idona: bakwai ɗin Sarle da ƙyar ake karanta ta. Naka ba zai dushe ba. Duk shekara zan fere fensir in sake bin arba'in da ɗayanka, har ka dawo ka ƙarasa, ko hannuna ya daina motsi.

Taka, ko an rubuta ko ba a rubuta ba,

Zarah