Abin da Ambrose ya faɗa a cikin ruwa

Sydney, 9 ga Yuni, 1925

Zuwa ga Yaya Dorcas,

Bayan gaisuwa mai tarin yawa, ina fatan kina lafiya, ke da maigidanki Wilfred da yara. Allah ya ƙara masa sauƙin tarin nan na ramin zinariya. Mu nan da sauƙi, Mama ta fara fita lambu, ni ce dai har yanzu nake ɗora kofin shayi biyu da safe.

Yaya, alfarma nake nema. Kin san aikin mijina Ambrose a fim bai wuce mutuwa ba. Sau ashirin da shida aka kashe shi, har yakan ce shi kaɗai ne gawar da ke dawowa gida neman abinci. Tun da kamara ba ta ɗaukar murya, duk sanda zai faɗi sai ya aiko min saƙo da baki. Ke da rashin ji ya koya miki karanta leɓe, kin tuna ranar da kika fashe da dariya a gidan sinima mutane suna kuka, kika ce ai cewa yake kada Mabel ta ƙona dankali?

An gaya miki ya nutse a kogin Hawkesbury wajen aiki. Ba a gaya miki cewa bai iya iyo ba. Ya ɓoye wa darakta don kada a ba wani aikin, ni kuma na sani na yi shiru, domin ya ce ruwan iyakarsa gwiwa, in daina mita kamar tsohuwa. Darakta ya yi ta ihu a ci gaba da ɗauka, wai bai taɓa ganin nutso mai kyau haka ba. Ba su yanke wurin daga fim ɗin ba. Sau tara ina zuwa kallonsa a sinima da rana, kowane zuwa ina sauya kujera, amma ko'ina na zauna idonsa na kaina. Bakinsa ya motsa sau uku kafin ruwa ya rufe shi. Mai kaɗa fiyano a sinimar ta ce ita daidai nan take sunkuyar da kai.

Fim ɗin zai isa garinku Kalgoorlie ƙarshen wata, kwafi ɗaya ne, daga nan za a narka shi. Don Allah ki je ki zauna a gaba, ki karanta min bakinsa. Tsoro nake ji, Yaya. A ranar ina tsaye bayan mai kamara, ni yake kallo, kuma da ya nutse na tafa tare da kowa.

Ki gaishe da Wilfred, da Nora, da ƙaramin Cecil. Mama tana gaishe ku. Ko ba maganar dankali ba ce, ki rubuto min yadda ya faɗa, kada ki gyara.

Ƙanwarki,
Mabel