Kwalbar da ke Bayan Nono

Yaya Haula,

Na wuce Nguru karɓo jinin masu ciki don gwaji, ban tashe ki ba. Ki yi haƙuri da tsawar da na yi miki jiya, gajiya ce.

'Yar kwalbar da kika fitar daga firji don ki sami wurin sa zoɓo ba ta turare ba ce. Antibodi ce, wato ruwan gwaji. Da ita muke gano enzayim, sinadarin da ke sarrafa folik asid a jiki, ƙwayar nan da ake ba masu ciki. Wata bakwai na yi ina jiran ta iso Gashuwa. Firjin ɗakin gwajinmu ya mutu, shi ya sa na kawo ta gida. Awa biyu ta yi a kan taga. Ko ta lalace, sai na gwada zan sani.

Yanzu tana cikin robar man shanu, bayan nono. Don Allah kada a sake fitar da ita, ko an ɗauke wuta.

Ke kika riƙe min Afra ranar da na haife ta da rami a baya, ke kika yi mata wankan ƙarshe. Ƙarancin folik asid a jikin uwa na cikin abin da ke kawo irin wannan ramin. Saboda Afra nake wannan wahalar.

Rahima