Gem ɗin marigayi Yayana ya ƙi buɗewa, ni kuma na ɓata wa matata rai

Goggo, don girman Allah ki taimake ni da shawara, kuma kada ki yi mini dariya. Na san duk wanda ya ji cewa magidanci mai shekara talatin da bakwai, malamin makaranta, uban 'ya'ya biyu, yana kuka a kan na'urar gem, cewa zai yi na rasa aikin yi. Shi ya sa ban iya faɗa wa kowa ba sai ke.

Yayana mai gyaran waya ne. A layinsu Likitan Waya ake ce masa, don babu wayar da za a kawo masa a mace bai tashe ta ba. Shekara uku da suka wuce ƙodarsa ta daina aiki, aka ɗora shi a kan wankin ƙoda, sau uku a mako, kowane zama awa huɗu. Ni nake kai shi idan na tashi daga makaranta. Mutumin da hannunsa bai saba zama haka nan ba, sai ga shi a kishingiɗe yana ƙirga fankokin silin. Ran nan sai ya tono wata tsohuwar na'urar gem ta hannu da muke faɗa a kanta tun muna samari. Wurin sa faifanta ya lalace, amma faya-fayen da ya saya suna nan cikin kwalin takalmi. Da ya ɗan ji ƙarfi sai ya zauna a shago ya sauya mata babbar manhajarta, ya cire ta kamfani ya sa wata da masu irin sana'arsu suke amfani da ita. Ya kwafe faya-fayen nan, ya matse kowane wasa ya ƙanƙance, har goma sha ɗaya suka shige cikin katin memori guda. Ya yi ta yi mini bayanin yadda ake yi, ni kuwa ina gyaɗa kai kawai, don a zatona kullum yana nan zan tambaye shi.

Matsalar ita ce hannunsa na dama yana ɗaure da allurai, ba a so ya motsa shi. Sai muka raba aiki. Shi ya riƙe ɓangaren hagu yana tuƙi, ni na riƙe na dama ina danna maɓallai. Wasan da ya fi so na wani matuƙin kwalekwale ne da ke yawo tsibiri zuwa tsibiri yana neman hanyar gida. Goggo, da kin ga yadda muke nutsewa! Ya ce in yi tsalle, in danna a makare, mu faɗa ruwa, ya ce wai an ba ni ɗalibai ina koyarwa alhali yatsana ɗaya ma ya ƙi jin magana. Har ma'aikatan jinya sukan leƙo su tambayi tsibiri na nawa muka kai. Da sunan da Innarmu take kiransa ya buɗe wasan, sunan da ba wanda ya sani sai 'yan gida. Mun kai tsibiri na ashirin da uku, saura biyu mu gama, ya rasu wata bakwai da suka wuce. Matarsa ta miƙo mini na'urar a cikin jakarta, ta ce ni ya dace in riƙe.

Ban taɓa ci gaba da wasan ba. Nakan kunna ne kawai bayan na dawo aiki, in ga sunansa da awannin da muka yi, in ga kwalekwalen yana lilo a bakin gaɓa inda ya bar shi, in kashe. Wannan kaɗai yana isata.

To batirin ya fara kumbura, murfin baya har ya ɗago. Na yi ta cewa zan kai gyara, amma na kasa, don duk shagon gyaran da na shiga ƙaurin dalma yake tuna mini da shi. Matata ta lura. Ba ta gaya mini ba, ta ɗauka ta kai wani shago a kasuwa, wai ta ba ni mamaki. Mai shagon ya sa sabon batir, ya goge gilashin, sannan don neman gwaninta ya ce manhajar da ke ciki ba ta asali ba ce, ya mayar da ta kamfani. Ta dawo da murnarta, ta naɗe ta a sabon ƙyalle ta ajiye mini a kan tebur. Na kunna, Goggo, wayam. Babu wasa ko ɗaya, babu sunansa.

Ban san lokacin da bakina ya buɗe ba. A gaban yaranmu na ce mata wa ya aike ta, na ce ta kashe mini Yaya a karo na biyu. Ta tattara yaran ta shige ɗaki. Yau kwana goma sha tara ke nan. Tana gaishe ni, tana ajiye mini abinci, tana goge mini kaya, amma idonta ba ya haɗuwa da nawa, dariyarta ta ɗauke daga gidan. Abin da ya fi ci mini rai, ita ce ta shekara biyu tana dafa wa Yaya abinci marar gishiri daban, ita ce ta fara zuwa a gwada jininta ko ƙodarta za ta yi masa. Na san duk wannan. Amma da na ɗago zan ba ta haƙuri, sai in hango na'urar a kan tebur, in fasa. Na kasa yafe mata, na kasa yafe wa kaina da ban saurari bayaninsa ba. Katin yana ciki, ina tsoron ko taɓa shi.

Shin abin nan yana dawowa? In kuma ba ya dawowa, yaya zan yi da zuciyata, yaya zan yi da matar nan?

Naki,
Ƙanin Likitan Waya

*

Ɗana, Allah ya jiƙan Yayanka, ya sa jinyar da ya sha ta zama kaffara. Ba wanda zai yi maka dariya a wannan fili. Wani rigar mamacinsa yake ajiyewa, wani muryarsa a waya, kai kuma abin da hannuwanku biyu suka riƙe tare ka ajiye. Kukanka yana kan hanya.

Bari in fara da na'urar, don na ga sai hankalinka ya kwanta a kanta za ka ji sauran. Ni ba sana'ata ba ce, saboda haka na kai wasiƙarka wurin wani dattijon mai gyara da na yarda da shi. Ya ce a yawancin irin waɗannan na'urori, manhajar kamfani ba ta gane wasannin da aka matse, shi ya sa take nuna kamar babu komai, alhali suna kwance a cikin katin. Inda wasa yake ajiye sunan mutum da matakin da ya kai kuwa, galibi wani fayil ne daban, shi ma a katin. Idan mai shagon bai goge katin ba, akwai kyakkyawan zato. Ka kashe na'urar, ka zare katin, ka sa a kwafe duk abin da ke cikinsa a kwamfuta, a ajiye wuri biyu, kafin kowa ya taɓa komai. Ko da na'urar ta nemi ka yi wa katin fomat, wato ka share duk abin da ke cikinsa, kada ka yarda. Bayan haka ka nemi ɗaya daga abokan sana'ar Yayanka, wanda ya san hannunsa, ya duba ko za a iya mayar da waccan manhajar. Ya kuma ce kada ka yar da kwalin faya-fayen nan, don ko manhajar ta ƙi, ana iya gwada katin da faifan asali a wata na'urar irinta. Ban yi maka alkawari ba, amma ban ga dalilin yanke ƙauna ba.

Yanzu ga wadda ta fi gaggawa. Matarka ta yi kuskure, bai kamata ta fita da abu mai nauyi haka a zuciyarka ba tare da ta tambaye ka ba, kuma kana da damar jin zafi. Amma dubi abin da ya kai ta. Ta ga mijinta yana kallon batir yana kumbura ya kasa taka ƙofar shago, sai ta taka masa. Garin neman gira aka taɓa ido, ba da mugunta ba. Kai kuwa kalmar da ka jefa mata ta fi laifinta nauyi nesa ba kusa ba. Matar da ta miƙa hannu a ɗebi jininta don Yayanka, ita ka ce ta kashe shi, a gaban 'ya'yanta. Ita ma fa rashi aka yi mata, sai dai kowa kai yake yi wa gaisuwa, ita tana kicin.

Kada ka jira sai wasan ya dawo sannan ka ba ta haƙuri. In ka yi haka, ka nuna mata cewa darajarta tana rataye da katin memori. Ka same ta yau, kafin ka san abin da ke cikin katin. Ka ce mata ka yi kuskure, ba tare da ka haɗa da "amma" ba. Tun da a gaban yara ka faɗa, su ma su ji ka janye. In kuka ya zo maka a gabanta, ka bar shi ya zo, wata bakwai kana yi kai kaɗai da na'ura a hannu. Ba lalle ta sake nan take ba, kwana goma sha tara ba sa gogewa da yini ɗaya, sai ka yi haƙuri kamar yadda ta yi da kai.

Ranar da za ka je wurin mai gyaran, ka roƙe ta ta raka ka. Ko sunan ya fito ko bai fito ba, kada labarin ya same ka kai kaɗai. Allah ya sanyaya zukatanku, ya raya muku zuri'a, ya kai rahama kabarin Yayanku.

Goggonku